Kada Ka Ba Kowa Aron Hannun Nan

Bazaga, ranar Juma'a bayan la'asar

Babana,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina gaishe ka, ina yi maka sannu da jiki. Allah Ya haɗa wannan ƙashi haɗuwar alheri, Ya kai ka inda aka tura ka lafiya, Ya sa ka sauka a hannun mutanen kirki.

Za ka yi mamakin takarda daga mutumin da katanga ɗaya ce tsakanin ɗakinsa da naka. To, ka san yadda muke. Kai ne ɗan fari, kuma sunan mahaifina gare ka. Shekara ashirin da uku ban taɓa kiran sunanka da bakina ba, ban kuma taɓa iya zaunar da kai mu yi doguwar magana ina kallon idonka ba. Abin da ke cikina yau ya fi ƙarfin "Allah Ya kiyaye hanya", shi ya sa na rubuta na ba innarka ta kawo maka tare da tuwo. Ka karanta yau, kada ka bari sai a mota.

Bari in fara da abin da na tabbatar. Ran Litinin ta makon jiya tsani ya zame da kai kana miƙa dammunan gero cikin rumbu, ka faɗo a kan kafaɗar dama. Hoton da aka ɗauka a Ƙonni ya nuna ƙashin da ya tashi daga gindin wuya zuwa kafaɗa ya karye a tsakiya, amma bakunan biyu suna fuskantar juna, ba su goce ba. Likita ya ce ba sai an yi aiki ba. Ƙyallen nan da aka rataye maka hannu da shi a wuya, maratayin, shi ne maganin, har mako huɗu, sannan a sake hoto. Yau kwana goma sha ɗaya. Saura goma sha bakwai. Gobe kuma za ka tafi ƙauyen da ke bayan Tajaye ka kama aikinka na farko, sabon mushe, wato malami, a lakwal, makarantar boko, inda ba wanda ya san ka kuma kowa zai so ya riƙe hannunka.

Jiya da Kawu Idi ya zo yi maka sallama, na ga abin da ka yi. Ina bayan danga ina zuba wa awaki harawa, ka zaci ba na nan. Ka zare hannun daga maratayi, ka tallafe shi da hagu, ka miƙa masa. Ya kama ya girgiza tun daga "ina wuni" har zuwa "ina labari", yana dariya yana cewa ashe hannun mushe ya warke, ragwanci ne ya rage. Na ga ka cije leɓe. Da ya juya ka mayar da hannun da sauri, ka share gumi. Ni kuwa harawar da ke hannuna ban san lokacin da na zubar da ita a ƙasa ba.

Na san ka gaji da maganata a kan wannan kafaɗa, kuma kana da gaskiya. Wata uku ke nan da aka ba ni takardar gama makarantar koyon jinya, ina da shekara arba'in da takwas, bayan shekarun da na yi ina shara da wanke kayan aiki a asibitin garin nan. Har yanzu in zan yi allura sai na karanta kwalbar sau uku. A Ƙonni na tsaya a kanka ina zuba sunayen ƙasusuwa da Faransanci, ina sake tambayar likita abin da ya riga ya faɗa, har ka ce, "Baba, an riga an ba ka takardar, ba jarrabawa ake ba." Duk ɗakin aka yi dariya, ni ma na yi, amma na gane na yi kuskure. Na yi maka magana kamar littafi, kai kuwa ciwo kake ji. Yau ba da takardar zan yi maka magana ba. Da kafaɗata zan yi.

Ka tashi ka ga hannuna na dama ba ya wuce kafaɗa. In na yi kabbara, hagu ta kai kunne, dama ta tsaya a hanya. A asibiti da hagu nake rataya ledar ƙarin ruwa. Abin da aka gaya maka tun kana yaro, ni na gaya wa kowa, shi ne marigayi Malam Jibo mai ɗori ne ya ɓata min ɗori. Ba haka aka yi ba. Ga yadda aka yi.

Saura kwana biyu a haife ka, ina dawowa daga kasuwa da buhunan wake a amalanke, jaki ya firgita, amalanken ya kife da ni. Ƙashin da ka karya shi na karya, ɓangaren da ka karya. Aka kai ni wurin Malam Jibo. Ya laluba da yatsunsa, ya yagi tsohon rawani, ya naɗe gwiwar hannuna a ciki, ya ɗaga tafin har kan ƙirji, ya ƙulla a gefen wuya. Da ya gama sai ya ce, "Kwana arba'in hannun nan ba naka ba ne, nawa ne. Kada ka ba kowa aronsa."

Ban kai gida ba abokaina suka fara. Wai na riga innarka jego, ga ni rungume da jaririn da ba a gani. Ɗaya ya ce a dama min kunun kanwa. Ina da shekara ashirin da biyar a lokacin, kuma ba abin da nake tsoro kamar a yi min dariya. Washegari na kwance ƙullin na ƙara wa rawanin tsawo, hannun ya sauko har cibiya, inda zan iya sakar masa riga ya ɓuya. Na ga kamar ba abin da ya canja, tunda dai a rataye yake. Kwana uku yatsuna suka kumbura kamar rogo, zoben azurfar da ke hannuna ya nutse cikin nama, sai da maƙeri ya yanke shi. Kafaɗar kuma ta riƙa min wani irin ja, don nauyin hannun gaba ɗaya ya koma kan ƙashin da ya karye, alhali an rataye shi ne don a sauke wa ƙashin wannan nauyi.

Saboda haka ka duba naka kowace safiya, don ƙyalle yana saki da kansa ko ba ka taɓa shi ba. Gwiwar hannunka ta zauna can cikin lungun ƙyallen, a lanƙwashe kamar kusurwar allo, tana manne da haƙarƙarinka. Tafin ya ɗan fi gwiwar tsayi, kamar faɗin yatsu uku ko huɗu, kada ya taɓa zama ƙasa da ita. Ƙyallen ya ɗauki wuyan hannu har gindin ƙaramin yatsa, don in wuyan hannun ya leƙo waje yana lilo, zai yi tsami. Kan yatsun kuma su fito a riƙa ganinsu. In ba madubi a inda aka sauke ka, ka ɗauki kanka hoto da waya ka duba. In ka samu wurin da waya ke kamawa ka turo min, ba zan yi dogon sharhi ba, na yi alkawari. Zoben da na sa ka cire yana wurin innarka, a nan zai zauna har ka dawo.

Da na ƙara wa rawanin tsawo, ƙullin ya koma ƙeya, daidai kan ƙashin wuya. Ya riƙa ci na, ni kuma na riƙa ɗaga kafaɗa sama ina karkata kai don in rage zafin, har wuyana ya sanƙare. Naka ƙullin ya zauna a gefen hagu, cikin kwarmin da ke saman ƙashin lafiya, nesa da karayar da kuma ƙeya. Ka sa ɗan tsumma mai laushi a ƙarƙashinsa. Ka saki kafaɗar, ka bar ƙyallen ya yi aikinsa. Innarka ta ɗinka maka na biyu daga farin yadi, yana saman jakarka, don in ka wanke ɗaya kada ka zauna hannu a sake kana jiran ya bushe.

Yanzu ga abin da ban taɓa gaya maka ba.

Ranar sunanka ta zo karayata tana kwana tara. Kakanka na wajen uwa ya taso tun daga Illela da 'yan'uwansa, karo na farko da za su zauna a ƙofar gidana. Na kwana biyu ina tunanin yadda zan tsaya a gabansu, uban ɗa, hannu a rataye da tsumma, ina miƙa wa surukai hagu ko ina hana su hannu gaba ɗaya. Da aka fito sallar asuba na shiga ɗaki na kwance rawanin, na cusa shi ƙarƙashin tabarma, na zura babbar riga. Innarka tana kallona daga gado, tana rungume da kai. Ta ce me zan gaya wa Malam Jibo. Na ce na yini ɗaya ne.

Har da dabara na yi, kuma a lokacin na ji daɗin wayona. Ka san yadda ake gaida babba, a miƙa dama, hagu tana riƙe da damtsen don ladabi. Na ce to ai shi ke nan, hagu za ta yi aikin rawanin, mutane su ga ladabi, ni kuma na tallafe karayata, ba wanda zai gane. Irin dabarar da na ga ka yi wa Kawu Idi jiya ke nan.

Abin da ban lissafa ba shi ne, mu ba ma taɓa hannu mu saki. Ina kwana, a kama. A kai ƙirji. Ina gajiya, a sake kamawa. Ina mai jego, ina baƙo, Allah Ya raya, kowace da tata girgizar. Wanda ya fi ƙaunarka shi ya fi ja. Aka raɗa suna, aka shafa fatiha, aka raba goro da dabino, sannan gari ya taso min ɗaya bayan ɗaya. Hagu tana riƙe da damtse, amma ba ta hana kafaɗa motsi, kuma a kafaɗar ciwon yake. Rana ba ta yi zafi ba rigar ciki ta jiƙe sharkaf, ina murmushi ina cewa amin. Sai aka jawo ragon suna, ya fizge daga hannun mai riƙe da shi ya yi wajen da surukaina suke zaune. Ban yi tunani ba na kai hannu na cafke ƙaho. Na ji wani ƙas a cikin kunnena, ƙasa ta juya. Na dai tsaya a kan ƙafafuna har aka watse, kuma har yau akwai dattawan da ke yaba yadda na kama ragon nan.

Da yamma innarka ta aika aka kira Malam Jibo. Ya sa yatsa ya bi ƙashin, ya tsaya inda baki ɗaya ya hau kan ɗaya ya yi tudu. Bai yi faɗa ba. Ya dube ni ya ce, "Wa ka ba aro?" Ya ce zai yi abin da zai iya, amma yadda ya bar shi ba haka ya same shi ba.

Ba zan ce maka gaisuwar ce kaɗai ta goce ƙashin ba, don ban sani ba. Mai yiwuwa ragon ne ya ƙarasa. Abin da na sani shi ne da hannun yana cikin rawani, da ba a ja shi ba, da kuma ban kai shi ga ƙaho ba. Bara a makaranta aka ɗauki kafaɗar hoto, malaminmu ya ɗaga shi a gaban 'yan aji, yara sa'anninka da ke ce min Baba, ya nuna musu yadda ƙashin ya haɗe a karkace ya gajarce. Ya tambaye ni yadda aka yi. A nan ma na ce mai ɗori ne.

Na ɗora wa Malam Jibo laifin ne da farko don kunyar surukai. Daga baya, da ka fara wayo kana tambayar me ya sami hannuna, sai na ga ba zan iya ce maka ranar sunanka ce ba, kada ka ɗauka kai ne sila. Ba kai ba ne. Kana da kwana bakwai a duniya, barci kake yi. Ni ne na zaɓi kada a ga tsumma a wuyana na yini ɗaya. Malam Jibo, bawan Allah, ya ji abin da nake faɗa a gari, bai taɓa tanka min ba har ya rasu, kuma na san akwai waɗanda suka fasa zuwa wurinsa saboda bakina. Babban ɗansa yana nan da rai. In Allah Ya kai mu jibi zan je in same shi a gaban mutanen zaurensu in faɗi abin da na rubuta maka. Kai ma ka yi hattara da wannan: in ka saɓa abin da likita ya ce, wani abu ya biyo baya, ka faɗa masa gaskiya da wuri. Gyaran da za a iya yi a kwana biyu ba lalle a iya yin sa a wata biyu ba.

To ka duba abin da ke gabanka. Direktan lakwal zai kai ka gaida maigari, daga nan liman, daga nan dattawan da ke zaune a gindin itace, sannan iyayen yara su riƙa zuwa ganin sabon mushe. Kowannensu zai miƙo hannu da zuciya ɗaya. Gaishe-gaishen ranar sunanka na yini ɗaya ne, wannan kuwa sai ya yi mako ana yi. Kada ka jira a miƙo sannan ka fara neman abin faɗa, don in hannun dattijo ya riga ya tsaya a iska, kunya za ta ci ka, ka zare. Tun kana taku uku daga gare shi ka cire takalmi, ka rusuna, ka dafa ƙirji da hagu, ka riga shi magana: "Ranka ya daɗe, a gafarce ni, karaya ce, likita ya ɗaure hannun." Ka sa maratayin a saman riga inda kowa zai gan shi, kada ka ɓoye shi a ciki. Ka gaya wa direkta tun a hanya, shi zai riƙa faɗa kafin ku isa. Za a samu mai cewa ɗan taɓawa kaɗan ba ya komai, za a samu mai tsokana irin Kawu Idi. Ka yi dariya tare da su, hannun yana inda yake. In kuma wani ya ce yana da mai ja ko mai murzawa da zai warkar da kai a kwana uku, ka yi godiya ka ƙi. Malam Jibo kansa bai murza ni ba.

Sai abinci. A gidan da za a sauke ka za a kawo kwano ɗaya a ce bismilla, kuma ba za ka iya sa hagu a kwanon mutane ba, na sani. Ni a lokacin zare dama nake yi in kai loma, ina cewa ai ba nauyi na ɗauka ba. Ka roƙi maigidan tun ranar farko a riƙa zuba maka naka daban, ka faɗi dalili don kada a ce mushe yana ƙyamar mutane. Na sa maka cokali biyu da sabulu a jaka. Ka ci da cokali a hagu, ka wanke hannun da sabulu bayan kewayawa da kuma kafin ci, kowane lokaci. Na tambayi limaminmu a kan wannan da kuma salla, don kada in faɗa maka abin da ba fannina ba. Ya ce larura ce, ba laifi. Ka yi kabbara da hannun da ke ɗaguwa, ka yi sujada kana dogara da hagu, in hakan ma yana taɓa kafaɗar ka yi a zaune. Wajen alwala ka zauna tukuna, ka ɗora hannun a cinya, sannan ka sassauta ƙyallen ka wanke shi a nan inda yake.

Akwai kuskure na ƙarshe, kuma shi ne ya fi cin hannuna, ko da yake ba shi da labari mai daɗin faɗa. Bayan abin da ya faru ranar suna sai tsoro ya kama ni. Na ɗaure hannun tamau, na ƙi motsa ko yatsa. Kwana arba'in suka cika, Malam Jibo ya ce in kwance in fara ɗagawa a hankali, na ce sai na ƙara. Na kai wata uku. Hammatata ta yi ƙuraje ta sale don ba ta ganin ruwa ba ta ganin iska. Ran da na kwance, gwiwar ta ƙi miƙewa, kafaɗar ta daskare. Gwiwar ta saki daga baya. Kafaɗar ba ta saki duka ba har yau. Malaminmu ya ce tudun ƙashin kaɗai da bai hana ni kai hannu kunne ba, zaman wata ukun ne ya ƙarasa ni.

Don haka kada tsoron da na ba ka a sama ya kai ka nan. Likita ya ce, kuma na rubuta a gabansa: yatsu ka riƙa dunƙulewa kana buɗewa a kai a kai, kana cikin maratayin. Sau uku a yini ka zauna, ka fitar da hannun kana tallafe da shi, ka miƙe gwiwar a hankali ka lanƙwasa sau goma, ka juya wuyan hannu, damtsen yana manne da jikinka. Na ga ya fi sauƙi ka haɗa shi da asuba, azahar da magariba don kada ka manta. Kafaɗar ce ba a ɗagawa sai ya ce. In za ka wanke hammata, ka sunkuya gaba, hannun zai rabu da jiki da kansa, ka goge ka busar sosai. Wajen sa riga hannun ciwo ne farko, wajen cirewa shi ne ƙarshe, kuma ka bar rigunan da ake zurawa ta kai, ka sa masu maɓalli. Ka kwanta rigingine, bayanka a ɗan tashe, matashi a ƙarƙashin gwiwar, maratayin yana jikinka.

Na san abin da ya fi damunka allo ne. Mushe da ba ya rubutu, me yara za su ce? Za ka ga kamar in ka tsaya kusa ka rubuta a ƙasa-ƙasa da dama ba komai. Ka bari. Ka rubuta da hagu, manya-manya, kaɗan. Za su yi dariya, ka ce musu kai ma ajin farko kake a wannan hannun. Kwana goma sha bakwai na mummunan rubutu ba za su hana yaro iya karatu ba. Amma ka tuna inda ake rubuta ranar wata kowace safiya, can saman allo, kuma shekara talatin za ka yi kana kai hannu wurin in Allah Ya ba ka rai. Ni da aka ce in rubuta a allon makarantarmu, daga tsakiya nake farawa.

A mota ka naɗe zane ka sa tsakanin kafaɗar da ƙofa ko maƙwabcinka. Kada ka rataya jaka a wuya. Daga Tajaye zuwa ƙauyen kada ka hau babur ko an ce kyauta ne, ka nemi amalanke ka ce a tafi a hankali, in an zo gangare ka sauka ka taka. Kowace rana ka danna farcen babban yatsa har ya yi fari ka saki, jinin ya dawo kafin ka ƙirga biyu. In bai dawo ba, ko yatsun suka yi sanyi, ko suka mutu, ko kana jin kamar tururuwa na bin su, ka sassauta ƙyallen ka gyara zaman hannun. In bai wuce nan da nan ba ka tafi asibitin da ya fi kusa a ranar. Haka in ka ga ƙashin ya turo fata, ko ciwon yana ƙaruwa maimakon raguwa, ko numfashi yana yi maka wuya. Ranar komawa Ƙonni Litinin ce, ranar aiki, don haka ka nemi izinin direkta tun makon farko. Ko ka ji ka warke sarai, kada ka yar da maratayin kafin hoton, kada kuma ka ƙara kwana ɗaya a kan abin da likita zai ce bayansa.

Na karanta abin da na rubuta, na ga duk wannan ka riga ka ji shi a bakin likita, kamar yadda ni ma na ji nawa a bakin Malam Jibo. Sani bai ishe ni ba ran da hannun surukina ya miƙo. Shi ya sa nake so ka gwada tun kana gida. Gobe a tasha, kawunnanka da baffanninka suna tsaye, in direba ya ce a shiga, zan matso in miƙo maka hannuna na dama a gaban kowa, kuma ba zan janye da wuri ba. Ka bar shi a tsaye. Ka rusuna, ka dafa ƙirji da hagu, ka faɗa min abin da za ka faɗa wa maigari, da ƙarfi yadda Kawu Idi zai ji. Za a yi gunaguni, wani ma zai ce boko ya ɓata ka. Ni zan amsa musu bayan motar ta tashi, kuma da labarin ragon zan fara. In ka iya barin hannun ubanka a iska, ba hannun da zai gagare ka a can.

Allah Ya tsare ka a hanya da masauki, Ya kare ka daga faɗuwa ta biyu, Ya sa yaran da za a damƙa maka su amfana da kai. Allah Ya dawo mana da kai kana kai hannu biyu kunne. Innarka tana sa maka albarka, ni ma na sa. Ka yafe min abin da na ɓoye maka.

Wassalam.

Mahaifinka